Wa da Ƙanwa a Majigi: Nazarin Wani Fim na Tamil da Idon Bahaushe

Dalilin wannan takarda wata tambaya ce da goggona ta yi mini a gidanmu a Wusasa. Wata rana da dare na zauna da ɗalibaina uku muna kallon wani fim na harshen Tamil mai suna Kizhakku Cheemayile, watau "A Ƙasar Gabas". Ba mu jin Tamil, saboda haka muka dogara ga fassarar Turanci da ke gudu a ƙasan hoton, ni kuwa ina juya wa tsohuwa da Hausa gwargwadon iyawata. Ta yi shiru tana kallo har aka kai wurin da miji ya hana matarsa taka gidan wanta shekara da shekaru. Nan sai ta ce, "Kai ɗan nan, ita wannan baiwar Allah ba ta san hanyar yaji ba ne?" Ɗalibai suka yi dariya. Ni ban yi ba, domin na ga tambayar ta taɓa gindin labarin gaba ɗaya. Abin da na ke nufi a nan shi ne in auna wannan fim da ma'aunin harshe da al'ada irin tamu, in nuna inda ya yi ƙarfi da inda ya yi rauni, kana in faɗi abin da masu fassara da marubuta da malaman Hausa za su iya ɗauka daga gare shi.

1. Yadda fim ɗin Indiya ya zama ɗan gida

Ba sai an daɗe ana gaya wa mai karatu cewa Bahaushe ya san fim ɗin Indiya ba. An buɗe gidan silima na Rex a Kano a 1937, a cikin shekarun 1950 kuwa Kwarori masu gidajen silima suka fara kawo finafinan Bombai, jama'a suka karɓe su hannu biyu-biyu a Kano da Kaduna da Zariya da Jos. Mother India na 1957 ya yi shekaru ana maimaita shi. 'Yan kallo har suna suka raɗa wa 'yan wasan, suka kira Dharmendra Sarkin Ƙarfi, suka kira Rishi Kapoor Mace. Da aka fara fim ɗin Hausa na bidiyo da Turmin Danya a Kano a 1990, ba a jima ba rawa da waƙa irin ta Indiya suka shiga cikinsa. Brian Larkin da Farfesa Abdalla Uba Adamu sun yi rubutu mai yawa a kan wannan, ba ni da abin da zan ƙara.

Amma akwai wani abu da ba a cika kula da shi ba. Finafinan da iyayenmu suka gani a silima na harshen Hindi ne, na arewacin Indiya. A cikin shekarun 2010, sa'ad da Algaita da makamantanta a Kano suka shiga ɗora muryar Hausa a kan finafinan Indiya, da yawa daga cikin waɗanda suka zaɓa na kudu ne, na harshen Telugu da na Tamil. Mai kallo dai Indiya-Hausa ya ke ce musu duka, bai rarrabe ba. Alhali kuwa Tamil da Hindi ba dangi ɗaya ba ne ko kaɗan. Hindi ɗan'uwan Farisanci ne da harsunan Turai, Tamil kuwa na dangin Dirabidiya ne, masu magana da shi sun haura miliyan 70 a Indiya da Siri Lanka da Malesiya da Singafo, adabinsa kuma ya kai shekara dubu biyu. Tsarin zumuntarsu ma ya saɓa da na arewa. A ƙauyukan Hindu na arewacin Indiya ba a auren ɗan kawu ko ɗan goggo, a kudu kuwa shi ne auren da aka fi so. Wannan ya sa labarin iyali na kudu ya fi kusa da mu, ko da ya ke ya zo mana a makare.

2. Fim ɗin da labarinsa

Labarin wa da ƙanwa tsoho ne a majigin Tamil. Pasamalar, watau "Furen Ƙauna", wanda A. Bhimsingh ya shirya a 1961, da Sivaji Ganesan da Savitri a matsayin wa da ƙanwa, shi ne uban tafiyar. A ƙarshensa su biyun tare suka mutu. A 1978 Mahendran ya yi Mullum Malarum, inda Rajinikanth ya fito a matsayin wa mai taurin kai da ya rasa hannu ɗaya, ba shi da kowa sai ƙanwarsa. Sunan nan ma abin sha'awa ne ga mai nazarin harshe, domin yana ɗaukar ma'ana biyu, ko dai "ƙaya da fure", ko kuwa "ƙaya ma ta kan yi fure". Har 2021 ba a daina ba, a shekarar ne aka fitar da Annaatthe da Udanpirappe, dukansu a kan wannan jigo.

Wanda mu ke magana a kansa ya fito a 1993. Bharathiraja ne ya shirya shi, mutumin da tun fim ɗinsa na fari, 16 Vayathinile na 1977, ya fitar da majigin Tamil daga ɗakunan ɗaukar hoto na Madras ya kai shi gonaki da ƙauyuka, shi kuwa a ƙasar Madurai aka haife shi. Kiɗan na A. R. Rahman ne, wanda a lokacin shekara ɗaya ke nan da fitowarsa da Roja. Vijayakumar ne wan, Radhika ce ƙanwar, Napoleon ne mijinta. Sunayen mutanen cikin labarin zan rubuta su yadda bakin Bahaushe zai iya furta su.

Ga labarin a taƙaice. Mayandi manomi ne mai faɗa a ji a ƙauyensu, yana ƙaunar ƙanwarsa Birumayi matuƙar ƙauna. Ya aurar da ita ga Sibanandi, mutumin wani ƙauye na kusa. Da farko zama ya yi daɗi, ta haifi 'ya mace, Feci, kawu ya zo da kayan barka. Amma Sibanandi mutum ne mai jin kai, ga kuma mijin 'yar'uwarsa yana ta zuga shi, har gaba ta ƙullu tsakanin surukan biyu, ya yanke wa matarsa zuwa gidansu. Shekaru suka wuce, Feci ta girma, ɗan Mayandi mai suna Sinu ya gan ta, suka so juna. Uban yarinya ya ƙi, ya ce ɗan 'yar'uwarsa zai ba. Daga nan rigima ta yi ta hauhawa har aka zare adduna. Birumayi ta shiga tsakani, saran da aka nufi wanta da shi ya same ta, ta cika a hannunsa, ya ɗauki gawarta ya tafi, mijin na tsaye yana kallo.

3. Kalmomin zumunta

Abu na farko da na lura da shi ina juya wa goggo maganar shi ne, duk sa'ad da na bar Turancin da ke ƙasan hoton na saurari abin da bakin ɗan wasa ya furta, sai fassarar ta zo mini da sauƙi. Dalili kuwa a fili ya ke. Turanci kalma biyu gare shi ta waɗanda aka haifa ciki ɗaya, ɗaya ta namiji, ɗaya ta mace, bai kula da wanda ya riga wani zuwa duniya ba. Tamil huɗu gare shi: annan, akka, tambi, tangai. Hausa ma huɗu: wa, ya, ƙane, ƙanwa. Kowace ta faɗa kan 'yar'uwarta daidai, babu saura. Birumayi ba ta kiran Mayandi da sunansa, kamar yadda 'yar Bahaushe mai tarbiyya ba ta kama sunan wanta, sai dai ta ce Yaya. Cikin wannan kira guda akwai girmamawa da dogaro da neman haƙƙi, abin da mu kan taƙaita da cewa babban wa magajin uba. Wanda ya karanta Turancin kawai ya ga 'yan'uwa biyu masu son juna. Wanda ya ji kiran ya san ɗaya yana sama ɗaya yana ƙasa, ya kuma san wanda nauyi ke wuyansa.

Haka abin ya ke in an hau zuwa sahun iyaye. Mutumin Tamil yana kiran wan ubansa babban uba, ƙanen ubansa ƙaramin uba, 'yan'uwan uwarsa mata kuwa iyaye mata ne. Amma ɗan'uwan uwa namiji sunansa dabam, maman, 'yar'uwar uba ma sunanta dabam, attai. Mu ma haka muka raba. Wan uba da ƙanensa baba ne ko baffa, 'yar'uwar uwa inna ce ko iya, sa'an nan ga kawu ga goggo a gefe guda. Kawu da goggo da baffa daga Fulatanci muka aro su, sun kusa danne tsohuwar kalmar rafani, amma rabon da su ke nunawa ya riga aron. 'Ya'yan kawu da na goggo su ne taubasai, abokan wasa, waɗanda a ke tsokana, a yi kuɗin shara da su a watan cika-ciki, a kuma ƙulla auren zumunci da su.

To, a nan ne hanya ta rabu, ya kamata mai fassara ya buɗe ido. A Tamil kalmar maman ita ce kawu, ita ce kuma suruki uban mata ko uban miji. Attai ita ce goggo, ita ce kuma suruka. Watau harshen da kansa ya riga ya ɗauka cewa 'yar kawunka ko 'yar goggonka ita ce matarka. Louis Dumont, Bafaranshen da ya zauna cikin jama'ar Pramalai Kallar kusa da Madurai wajen 1949, a kan wannan ya gina bayaninsa na 1953, cewa kalmomin zumuntar Dirabidiya aure su ke nunawa. Hausa ba ta haɗa kawu da suruki a kalma guda ba. A wurinmu auren taubashi abin so ne, ba haƙƙi ne da za a kai ƙara a kansa ba. Har wa yau mu kan haɗa 'ya'yan wa da ƙane aure, 'yan maza zar, su kuwa a wurinsu waɗannan ciki ɗaya ne, haram ne. Su kuma a waɗansu wurare mutum ya kan auri 'yar yarsa, abin da Musulunci ya haramta a aya ta 23 ta Suratun Nisa'i. Saboda haka kamar da ke tsakaninmu da su gaskiya ce, amma tana da iyaka.

Akwai kuma wata kalma tamu da ba ta da takwara a wannan fim, ita ce ɗan'uba. Bahaushe ya kira ɗan'uwansa ɗan uwa, ya ɗauki uwa ya sa ta zama tushen zumunta duka, har wanda ba dangi ba in an so shi sai a ce ɗan'uwa. Ɗan uba kuwa, ko da ya ke jini ɗaya ne, sunansa ya zama sunan kishi, har muka sami 'yan'ubanci. Wannan harshen gidan mata da yawa ne. Zan komo kan wannan a ƙarshe.

4. Kawu da kayansa

Inda fim ɗin ya fi ƙarfi, a ganina, shi ne yadda bai dogara ga magana ba wajen nuna ƙaunar wa da ƙanwa. Da kaya ya nuna ta, da tafiya. Mutanen Tamil suna da wata al'ada da su ke kira sir, watau kayan da gidan su mace ke kai mata gidan mijinta, ba ran aure kaɗai ba, har iyakar ranta. In ta haihu kawun jariri ya zo da kaya. Ran hujin kunne a cinyar kawu a ke ɗora yaro. In yarinya ta balaga kawu ne zai zo ya yi mata 'yar bukka ta ɗanyen ganye, ya kawo tufafi da tukwane. Bharathiraja ya jera labarinsa a kan waɗannan ranaku kamar yadda a ke jera dawa a kunya. Mun ga Mayandi ya raka amarya, mun gan shi ya zo barka da murna da kiɗa, sa'an nan bayan shekaru mun gan shi ya zo da kayan balagar Feci an wulakanta shi. Ba a bukatar wani ya tsaya ya bayyana mana cewa zumunci ya lalace. Kayan da aka karɓa jiya aka ƙi yau sun isa bayani.

Wannan Bahaushe ya gane shi nan take, domin mu muka ce zumunta a ƙafa ta ke. Muna da kayan ɗaki da gara, muna da goyon ciki, inda mai cikin fari ke komawa gidansu ta haihu, su ma haka su ke yi. Waƙar rakiyar amarya da ke cikin fim ɗin, goggo ba ta ji kalma ɗaya a ciki ba, amma ta share hawaye, ta ce kukan amarya ko'ina iri ɗaya ne. Rahman ya yi hikima a nan, ya sassauta kayan kiɗan birni da aka san shi da su, ya bar ganguna da muryoyi irin na ƙauye suka fito.

Amma kada mu tsaya ga hawaye. Kayan nan ba ƙauna ce zalla ba, akwai lissafi a ƙarƙashinsu. A tsohuwar al'adar Hindu gonar gado ta 'ya'ya maza ce. Sai a 1989 jihar Tamil Nadu ta gyara doka ta ba 'ya mace rabo a dukiyar kakanni, Indiya gaba ɗaya kuwa sai a 2005. Kafin nan, abin da wa ke kai wa ƙanwa shekara-shekara shi ne madadin rabon da ba ta samu ba. Ke nan mijin da ya hana matarsa karɓar kayan wanta ba ziyara kaɗai ya hana ta ba, ya raba ta da abin da ta mallaka a gidan ubanta. Fim ɗin bai faɗi wannan da baki ba, amma wanda ya san shi zai ga nauyin wulakancin ya ninka. Mu a nan shari'a ta ba 'ya mace rabin rabon namiji tun fil azal. Duk da haka kowa ya san sau da yawa a ƙauyukanmu gonar ta kan zauna a hannun wa, a ce ana riƙe mata, ita kuwa kunya ta hana ta tambaya, sai dai a aika mata da damin hatsi da kaka. Tambayar da fim ɗin ya tayar, ko kyautar wa alheri ce ko biyan bashi, tambaya ce da ta shafe mu.

5. Tambayar goggo

Yanzu sai mu komo ga yaji. Ginin labarin duka ya tsaya ne a kan abu guda, cewa Birumayi ba ta da mafita. An ɗaura mata tali a wuya, watau igiyar aure da ango ke ɗaura wa amarya, daga ranar kuwa ta zama ta gidan miji har kabari. In aka zare wannan sanda, rumfar ta faɗi.

A ƙasar Hausa sandar ba ta kafu haka ba. Matar da miji ya ƙuntata wa ta kan yi yaji ta tafi gidan ubanta ko na wanta, miji ya yi biko, manya su zauna, a faɗa wa mai laifi laifinsa. In abin ya ƙi, akwai saki, akwai alƙali, akwai hul'i. Baba ta Karo, wadda Mary Smith ta rubuta labarinta a ƙasar Zazzau a 1949 da 1950 aka buga shi a 1954, aurenta na fari na zumunci ne, ta kuwa fita daga cikinsa, ta yi aure huɗu a rayuwarta, ba ta kuma rabu da danginta ba ko sau ɗaya. Miji a wurinta mai wucewa ne, dangi su ne dauwamammu. Da idon irin su Baba goggo ta kalli Birumayi, shi ya sa haƙurin nata ya ba ta mamaki maimakon ya burge ta.

Wani zai ce ai ba daidai ba ne a auna al'adar wasu da tamu. Na yarda, in da al'adar ce kaɗai ta rufe ƙofar. Amma ko a can, an san rabuwar aure bisa al'ada a cikin jama'ar karkara da dama, dattawan gari su ke raba shi. Ashe ke nan mai shirya fim ne ya zaɓi ya rufe ƙofar, domin ya sami ƙarshen da ya ke so. Ga kuwa abin da zaɓin ya jawo. Birumayi ita ce tsakiyar labari, amma kusan ba ta aikata kome ba sai jira da kuka da roƙo. Radhika ta yi wasa ƙwarai, fuskarta ta ɗauki abin da ba a rubuta mata ba, musamman sa'ad da ta manyanta, ta ke kallon wanta daga nesa ba ta da ikon gaishe shi. Amma ƙwarewar 'yar wasa ba ta rufe gurbin da marubuci ya bari. Abu ɗaya tak aka bar mata ta zaɓa da kanta, shi ne ta sa wuyanta a bakin adda. Mutuwarta ta kashe rigimar, ba ta warware ta ba. Maza biyu sun yi girman kai shekara ashirin, mace ta biya, aka kuma nemi mu tafi gida muna yabon sadaukarwarta. Mullum Malarum ya fi shi gaskiya a nan, domin a can ƙanwar ta tsaya da ƙafarta ta nuna wanda ta zaɓa, wan kuwa ya sauko daga taurin kansa, babu wanda ya mutu.

6. Haƙƙin da ba a ba Sibanandi ba

Rauni na biyu ya shafi adalci ga mutanen labari. In mai karatu ya zana bishiyar dangin nan a takarda, zai ga wani abin mamaki. Masu neman Feci biyu ne, ɗaya ɗan kawunta, ɗaya ɗan goggonta. Dukansu taubasanta ne, dukansu al'ada ta ba su hanya. Har ma a cikin jama'ar da Dumont ya zauna da su, ɗan goggo ne a gaba. Sibanandi shi ma ɗan'uwa ne mai 'yar'uwa, abin da ya ke yi wa ɗanta shi ne ainihin abin da a ke yabon Mayandi a kansa. Da an bar haƙƙi ya kara da haƙƙi, da labarin ya zama babban abin tausayi, irin wanda mai kallo zai rasa gefen da zai tsaya. Maimakon haka sai aka mai da ɗan goggon lalatacce, aka mai da ubansa mazugi, don kada mu wahala wajen zaɓe. Wannan gajeriyar hanya ce, mu ma mun san ta a finafinanmu, inda kullum a kan nemo wata muguwar kishiya ko ƙawa a ɗora mata laifin da ke cikin zukatan mutanen kirki.

Na uku, duniyar fim ɗin rufaffiya ce. Mayandi yana ɗauke da laƙabin Tebar, sunan wata jama'a mai ƙasa da ƙarfi a kudancin Tamil Nadu. A farkon shekarun 1990 an yi finafinai da dama masu ɗaukaka gashin baki da adda da martabar wannan jama'a, mafi shahara shi ne Thevar Magan na 1992. Auren zumunci a irin wannan wuri hanya ce ta tsare gona da asali kada su fita waje. Waɗanda ke noma gonar ba su mallake ta ba, ba a jin muryarsu a nan. Sai daga baya masu shirya fim irin su Mari Selvaraj, da Pariyerum Perumal na 2018, suka juya hoton suka nuna ƙauyen daga ƙasa. Wanda zai koyar da fim ɗin Bharathiraja ya kamata ya san wannan, kada ya ɗauka ƙauyen Tamil ke nan duka.

Duk da waɗannan, ban ce fim ɗin ya faɗi ba. Ya san mutanensa, ya san ƙasarsa, ya kuma ɗauki dangantakar da mafi yawan masu ba da labari ke ajiyewa a gefe ya sa ta a tsakiya. Wannan ba ƙaramin abu ba ne.

7. Abin da ya rage gare mu

Ga masu ɗora murya, shawarata ita ce duk wanda zai juya irin wannan fim kada ya bi ta Turanci ido rufe. Ya koyi kalmomin zumuntan nan, ba su fi goma sha biyu ba, ya saurare su a bakin 'yan wasa. Inda aka ce annan ya ce Yaya, inda aka ce maman ya duba ko kawu a ke nufi ko suruki ko duka biyu. Barkwancin da a kan cusa don a sa 'yan kallo dariya yana da wurinsa a fim ɗin faɗa, amma a nan zai kashe abin da aka zo gani.

Ga marubuta kuwa, akwai fili a buɗe. A cikin littattafai biyar da suka fito daga gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933, watau Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Shaihu Umar da Idon Matambayi da Jiki Magayi, babu wanda aka gina a kan wa da ƙanwa. Jiki Magayi, wanda John Tafida na nan Wusasa ya rubuta tare da East, labarin masoyi ne da mai kuɗi ya ƙwace wa budurwa, da ramuwar da ta biyo baya. Littattafan soyayya da finafinan Kano, mafi yawan waɗanda na karanta ko na gani, kishiya da auren dole da 'yan'ubanci su ne jarinsu. Harshenmu ya ba kishin 'yan'uba suna, sai labarinmu ya bi sunan. Amma tatsuniya ba ta manta da ɗaya gefen ba. Kowa ya san ta Ɗan Auta, wanda iyaye suka bar wa yarsa da wasiyyar kada ta bar shi ya yi kuka, ta yi ta ɗaukar ɓarnarsa daga gari zuwa gari. A can mace ce babba, ita ce mai ɗaukar nauyi, tambayar kuwa ita ce ina iyakar abin da ɗan'uwa zai jure saboda ɗan'uwa.

Rayuwa ma ba ta manta ba. Bazawarar da ta komo gidan wanta da 'ya'ya uku, matar wan tana harararta. Ƙanwar da ke jin kunyar tambayar rabonta na gona. Wan da ya bar makaranta don ƙanwa ta yi karatu. A nan Wusasa, inda mishan ta koma daga cikin birni a 1929, akwai gidajen da wa ke zuwa coci ƙanwa na zuwa masallaci, ko akasin haka, ba a kuwa daina kai wa juna abincin Salla da na Kirsimeti ba. Labarin Bahaushe na wa da ƙanwa ba zai ƙare da adda ba, domin ƙofar yaji a buɗe ta ke. Wuyarsa tana wani wuri, watau abin da ke faruwa bayan ta shigo ta ƙofar.

Ga malaman kwalejojin horon malamai, ga wani aiki da na gwada ya yi amfani. A ba ɗalibai labarin nan a taƙaice, a sa su zana bishiyar dangin, su rubuta abin da kowa zai kira kowa da Hausa. Sa'an nan a ce su mai da labarin wani ƙauye na ƙasar Zazzau, su nuna daidai wurin da ya ƙi tafiya, su faɗi dalili. Ɗalibin da ya yi wannan ya koyi kalmomin zumunta, ya koyi fassara, ya kuma koyi cewa ba a yin sharhi a kan labari sai an san abin da ya tsaya a kansa. Nawa ɗaliban, biyu sun sa Birumayi ta yi yaji tun a shekarar fari. Na ukun ya bar ta a ɗakinta, ya ce saboda 'yarta ta zauna, ya kuma kawo misalin mata da yawa da ya sani waɗanda suka yi haka. Da na kai wa goggo wannan, sai ta yi shiru, kana ta ce, "Wannan yaron ya san mata."

Wusasa, Zariya.